Jiƙa kaza a ruwan gishiri kafin gashi: maganin bushewar ƙirjin buroila

Yau zan ɗan fita daga cikin keji in shiga wajen murhu, domin akwai kuɗin da ke zube mana a can ma.

Duk wanda ya taɓa kiwon buroila ya san tashin hankalin sati na shida zuwa na bakwai. Kaji sun kai sayarwa, 'yan sari suna taya su kamar tsinto su ka yi, su kuma kajin babu ruwansu da halin da kake ciki, ci kawai suke. A wannan lokacin kaza ɗaya tana cin giram 150 zuwa 200 a rana. In guda 100 gare ka, buhu mai kilo 25 ba zai kai maka kwana biyu ba. Kowace rana ka ƙara kana jiran farashi, ribarka ce suke cinyewa. Shi ya sa da yawa daga cikinmu muka koma yankawa da kanmu, mu fige, mu gyara, mu sa a firiza, ko mu gasa mu sayar wa maƙwabta da ma'aikatan ofis da masu biki. Hanya ce mai kyau, ni ma ita nake bi idan kasuwa ta tsaya. Sai dai akwai ƙorafin da za ka fara ji da zarar ka shiga sayar da gasasshiya: "Ita buroila ba ta da ɗanɗano, ƙirjinta kamar auduga, sai da ruwa ake haɗiye ta." Kwastoma kuwa in ya faɗi haka sau ɗaya, ba lallai ya sake faɗa maka ba, oda kawai zai daina yi.

Wannan ƙorafin gaskiya ne, amma yana da magani mai araha ƙwarai, wato ruwa da gishiri da sanyi da ɗan haƙuri. Ana jiƙa kazar da aka gyara a cikin ruwan gishiri mai sanyi na wasu awoyi kafin a ɗora ta a wuta. Inda aka fi jin labarin wannan dabara shi ne Amurka, wajen gasa talotalo a bikin godiyarsu da suke yi ranar Alhamis ta huɗu ta watan Nuwamba. Talotalo ƙato ne, yana ɗaukar awoyi a cikin oben, kafin cinya ta nuna ƙirji ya riga ya bushe, shi ya sa suka riƙe ta hannu biyu. Matsalar da suke da ita da talotalo ita ce dai muke da ita da buroila: tsoka mai yawa a ƙirji, kitse kaɗan a cikinta.

Bari in yi bayanin abin da ke faruwa a cikin naman, domin in ka gane shi ba za ka riƙa yin abin da ka ba.

Tsokar kaza kusan kashi uku cikin huɗu ruwa ne. Ruwan nan yana riƙe ne a tsakanin wasu siraran zare na furotin, irin sawun da kake gani idan ka yagi dafaffen ƙirji. Da zafi ya taɓa su sai su takure, su matse kansu, kamar yadda ake matse tsumma bayan wanki, ruwan ya fito ya ɗiga kan garwashi. Wannan cuwww ɗin da kake ji a kan wuta, ba kitse kaɗai ba ne, har da romon da ya kamata ya shiga bakin kwastoma. Naman da aka gasa yakan yi asarar kashi 20 cikin 100 na nauyinsa ko fiye, kuma gwargwadon yadda ya daɗe a wuta gwargwadon asarar. Cinya tana iya jurewa saboda tana da kitse da jijiyoyin da ke narkewa su ba ta danshi. Ƙirji ba shi da wannan gatan.

To shi gishiri idan ya samu lokaci ya ratsa cikin tsoka, yana sassauta waɗannan zare, ya narkar da wani ɓangare nasu. Sai su buɗe su sha ruwa, har kazar ta ƙara nauyi kaɗan, wani lokaci ya kusa kashi 10 cikin 100. Abin da ya fi wannan muhimmanci shi ne, zaren da gishiri ya sassauta ba ya iya matsewa da ƙarfi irin na da idan ya ji wuta. Ruwa zai fita dai, amma ba kamar na wadda ba a jiƙa ba. Ga kuma ɗanɗano: maimakon gishiri ya tsaya a fata kawai ciki ya zama lami, sai ka ji shi har kusa da ƙashi. Rabin abin da mutane ke kira rashin daɗin buroila, a ganina, rashin gishiri ne a cikin tsokar.

Yanzu ma'auni. A nan ne nake roƙon kowa ya ajiye "ai na saba, da ido nake aunawa." Giram 50 zuwa 60 na gishiri a kowace lita ɗaya ta ruwa. Ledar fiya wata biyu ita ce lita ɗaya. Babban cokalin cin abinci a shafe, ba a tsibe ba, yana ɗaukar kamar giram 18 na gishiri mai laushi irin na leda, kenan cokali uku a shafe ga kowace lita. In gishirinka mai tsakuwa ne, cokali ba zai ba ka daidai ba saboda akwai iska a tsakaninsa, sai ka hau sikeli. Yawancinmu muna da ɗan ƙaramin sikelin da muke auna firimis da magani, shi ya wadatar, a wanke shi dai tukuna. Auna sau ɗaya, ka zuba a wani gwangwani ka yi masa alama, daga nan ka huta. Gishirin girki nake nufi fa, ban da na lasar dabbobi, ban da kanwa.

Misali kana da kaji 10 da aka gyara, kowace kilo ɗaya da rabi. Idan ka jera su da kyau a roba, ruwa kamar lita 15 zai rufe su. Lita 15 sau giram 55, gishiri giram 825 kenan, ko kilo ɗaya bai cika ba. Ka kwatanta kuɗin wannan da kuɗin kaza ɗaya tak da kwastoma ya dawo maka da ita.

Lokaci kuma ya danganta da kaurin abin da aka jiƙa, domin gishiri tafiyar hawainiya yake yi a cikin nama. Kaza sukutum mai kilo ɗaya da rabi zuwa biyu, awa 8 zuwa 12 sun isa, wato ka jiƙa da dare ka cire da safe. Wadda aka raba gida huɗu, awa 2 zuwa 4. Fiffike ko tsokar ƙirji da aka cire wa ƙashi, awa ɗaya ma ta yi. Talotalo babba mai kilo 5 zuwa 7, awa 12 zuwa 24. Idan aka zarce, naman zai yi gishiri ya kuma yi wani irin laushi marar daɗi kamar soso, kuma babu yadda za a yi a dawo da shi. In ka ga gashin zai jinkirta, ka cire kazar daga ruwan a kan lokacinta ka ajiye ta a firij haka nan, ba ta lalacewa don ta jira.

Masu son ƙamshi za su iya ɗiban lita ɗaya ko biyu daga cikin ruwan su tafasa da gishirin duka, da dakakkiyar tafarnuwa, citta, kanumfari, masoro, kimba da albasa, sannan su juye cikin sauran ruwan. Amma wajibi ne ya huce sarai, ya yi sanyi, kafin kaza ta shiga. Kuma kada a sa rai da yawa a kan kayan ƙamshin nan. Gishiri ne ke iya ratsawa can ciki, su yawancinsu a fata da ɗan abin da ke ƙarƙashinta suke tsayawa. Ni na fi son in adana su in sa a yaji da man shafawa, inda za a ji su sosai. Sukari ma wasu suna sawa, kamar rabin yawan gishirin, don fata ta yi ja mai kyau. A oben yana da amfani. A kan garwashi kuwa saurin ƙonewa yake jawowa, ni ba na sawa.

Sai babbar magana, wadda saboda ita na zauna na rubuta wannan dogon bayani: sanyi.

Akwai masu ɗauka cewa tunda gishiri ne, ai ba abin da zai samu naman ko an bar shi a tsakar gida. Wannan tunanin yana iya kwantar da gida guda a asibiti. Gishirin da ke hana nama ko kifi ruɓewa mai yawan gaske ne, irin wanda ba ya ciyuwa sai an wanke an sake wankewa. Namu na cokali uku a lita bai kai ya hana ƙwayoyin cuta yaɗuwa ba. Ɗanyar kaza kuma, ko daga gona mafi tsafta ta fito, tana iya ɗauke da ƙwayoyin cuta irin su salmonela, masu sa amai da gudawa da zazzaɓi. Tsakanin digiri 5 da digiri 60 suke jin daɗinsu, kuma a yanayi mai ɗumi wasunsu suna iya ninka yawansu cikin kamar minti 20. Ka lissafa awa 10 a bokiti a Kano ko Sakkwato ko Maiduguri cikin watan Afrilu, lokacin da rana ke wuce digiri 40. Kuma kada wani ya ce ai wuta za ta kashe komai. Tana kashe ƙwayoyin, amma akwai waɗanda ke barin guba a cikin nama wadda gashi ba ya lalatawa.

Ruwan jiƙon dole ya zauna a digiri 4 ko ƙasa da haka tun daga farko har ƙarshe. Sanyin hunturu bai kai ba, ko da kana kwana da bargo biyu. Ruwan randa ma bai kai ba. Mai firij da tsayayyar wuta ko sola, shi kam ya huta, ya sa robar a can ƙasa inda ba za ta ɗiga kan wani abinci ba. Mu da NEPA ke yi wa wasan ɓuya, ga yadda nake yi: kula babba mai murfi mai kamawa, irin ta masu sayar da lemo. In zuba ruwan gishirin da ya riga ya yi sanyi, in jera kajin, sannan in cika sama da gefe da fiya wata mai ƙanƙara, a cikin ledarta ba tare da na fasa ba. Amfanin barinta a leda shi ne in ta narke ba za ta tsinka ruwan gishirin ba, ma'auninka yana nan yadda ka haɗa shi. A ɗauraye bayan ledojin kafin a sa, kun san hannuwan da suke bi. In ƙanƙarar bulo ce, a ɗaure ta a leda mai kauri. A ajiye kular a inuwa, a rufa mata buhu, a daina buɗewa kowane lokaci. Ƙa'idar da nake bi mai sauƙi ce: lokacin da zan cire kajin, dole in tarar da sauran ƙanƙara da ba ta narke ba. In na tashi cikin dare na ga ta kusa ƙarewa, in ƙara. Wanda ba shi da firij, ba shi da hanyar samun ƙanƙara, gara ya haƙura da jiƙon dare, ya yanka kazar gunduwa-gunduwa ya yi na awa ɗaya a ruwa mafi sanyi da zai iya samu, ya ɗora a wuta nan take.

Mazubi ma a kula da shi. Roba mai tsafta ta abinci ko kwanon silba. Ban da tukunyar alminiyam, gishiri yana cin ta kuma yana iya sauya ɗanɗanon nama. Ban da bokitin fenti, ban da wanda ake haɗa maganin feshi ko maganin kaji a ciki, ko an wanke shi sau goma. A ware roba ɗaya a rubuta mata suna. Idan kajin suna tasowa sama, a danne su da faranti mai nauyi. Ruwan da aka jiƙa kaji sau ɗaya kuma ya gama aiki, a zubar da shi nesa da keji da wurin wanke-wanke. Kada a ce za a yi tattali a sa wasu kajin a ciki gobe.

Wani abin da ke taimakon laushi, wanda mutane ba su cika lura da shi ba, shi ne hutun da naman ke samu. Bayan yanka, cikin 'yan awoyi tsokar kaza takan sandare, daga baya ta saki. Wanda ya yanka ya fige ya ɗora a wuta a tsakiyar wannan sandarewar, zai ci nama mai tauri ko da kazar 'yar sati shida ce. Kwanan da take yi a ruwan sanyi yana ba ta damar saki, ka ga an jefi tsuntsu biyu da dutse ɗaya. Tun kafin yankan ma akwai shiri: a janye abinci awa 8 zuwa 12 a bar musu ruwa kawai, don hanji ya zama ba komai, kada ya fashe ya ɓata naman wajen gyara. In kuma an ba su maganin rigakafin ƙwayoyin cuta kwanan nan, a duba kwanakin jira da aka rubuta a jikin ledar maganin, a cika su. Ruwan gishiri ba ya wanke magani daga tsoka.

Da an cire kaza daga ruwan, a tsoma ta sau ɗaya a ruwa mai tsafta mai sanyi a cikin baho, a hankali ba tare da fantsama ba, a bar ta ta tsane, a goge ta da kyalle mai tsafta ko tishu ciki da waje. Jiƙaƙƙiyar fata ba ta yin ƙaras-ƙaras, turara kanta take yi ta fito fari fat kamar dafaffiya. Mai firij ya bar ta a buɗe a ciki na awa biyu ko fiye, fatar za ta bushe ta ɗan yi sheƙi, ita ce ke ba da jan nan mai jawo ido.

A nan ne kuma ake yawan ɓata aikin: yaji. Kazar nan ta riga ta sha gishirinta. Yajin da muke saya a kasuwa akwai gishiri a ciki, akwai dunƙulen magi, shi kuma magi kusan rabinsa gishiri ne. In ka barbaɗa shi yadda ka saba, kwastoma zai kwana yana shan ruwa. A daka yaji na daban don wannan aikin, ƙuli-ƙuli da barkono da citta da sauran kayan ƙamshi, babu gishiri, magi ɗan kaɗan ko babu. Wanda yake son ƙari a ƙulla masa na gefe. Ku tuna kuma cikin masu sayen nan akwai masu hawan jini. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shawarar kada babba ya wuce giram 5 na gishiri a yini, kusan ƙaramin cokalin shayi ɗaya kenan. In na san kwastoma yana da wannan lalurar, ina gaya masa cewa kazar ta kwana a ruwan gishiri, ko in ware masa tasa in rage mata lokaci.

Wajen gashin kansa, masu tukuba sun riga mu sanin dabarar: a tsaga kazar ta baya a baje ta, don ko'ina ya samu wuta daidai. A tara garwashi gefe guda, cinyoyi su fuskanci wajen zafi, ƙirji ya kasance nesa kaɗan. Kaza ta nuna idan can cikin tsoka mafi kauri ya kai digiri 74. Akwai ɗan ma'aunin zafi mai tsinke da ake soka wa nama, ba shi da tsada sosai, kuma duk mai niyyar sayar da gashi ya kamata ya mallake shi, domin ido yana yaudara ta fuska biyu. Buroila ƙarama ce, ƙashinta bai gama ƙwari ba, sau da yawa za ka ga ja-ja a jikin ƙashin cinya alhali ta nuna sarai. Tsoron wannan jan ne ke sa mutane su bar ta a wuta har ta zama katako. Ta ɗaya fuskar kuma fata tana iya yin baƙi ciki bai nuna ba. Idan an sauke, a bar ta ta huta minti 10 zuwa 15 kafin a sa wuƙa, talotalo kuma rabin awa, in ba haka ba romon da ka sha wahalar tarawa a kan katakon yanka zai ƙare.

Akwai hanya ta biyu wadda ba a sa ruwa ko kaɗan, kuma ga mai firij ni na fi son ta. A auna kazar, a ɗebi giram 10 zuwa 12 na gishiri ga kowane kilo, a shafe ta da shi ciki da waje, har ƙarƙashin fatar ƙirji, a ɗora a tire a sa a firij a buɗe, awa 12 zuwa 24. Da farko gishirin zai jawo ruwa waje har ka ga ta jiƙe, kada ka tsorata, daga baya naman zai shanye abinsa tare da gishirin. Ba ta ƙara nauyi, ba ta cin wuri kamar bokiti, fata ta fi yin ƙaras, kuma ɗanɗanon kazar bai tsinke da ruwa ba. Talotalo ana iya barinsa kwana biyu haka. Illarta ɗaya, tana son wutar da ba ta ɗaukewa. Mai kula da ƙanƙara ya tsaya a kan ta ruwa, don ruwan ne ke kai sanyin ko'ina a jikin kajin.

Ba kowane tsuntsu ne wannan dabara ke yi wa aiki iri ɗaya ba. Buroila da talotalo su ne kan gaba. Zabo ma yana amfana sosai, saboda namansa ba kitse, da ya ɗan daɗe a wuta sai ya bushe. Masu kiwon talotalo don kasuwar Kirsimeti da sabuwar shekara, in za ku sayar da shi a gyare, ku koya wa mai saye wannan ma'aunin ko ku rubuta masa a takarda. Wanda ya kashe kuɗi mai yawa a kan tsuntsu ɗaya ya ci shi a bushe, baɗi rago ko akuya zai nema. Daskararrun kaji da talotalon da ake shigowa da su daga waje kuwa, wasunsu an riga an yi musu allurar ruwan gishiri tun a kamfani, in aka sake jiƙa su sai gishiri ya yi yawa.

Tsofaffin kajin ƙwai da aka gama da su, da tsohon zakaran gida, su labarinsu daban ne. Taurinsu daga jijiya yake, wadda ta yi ƙwari saboda shekaru, gishiri kuma ba ya narkar da jijiya. Abin da ke narkar da ita shi ne doguwar dahuwa a ruwa da wuta kaɗan-kaɗan. Waɗannan na farfesu ne da miya, ko a fara sulala su sannan a ɗan nuna musu garwashi. Kuma tunda mun zo nan bari in faɗa: masu jefa farasitamol a tukunya don nama ya yi saurin laushi, ku ji tsoron Allah. Hukumar NAFDAC ta sha gargaɗi a kan haka, yana illa ga hanta da ƙoda. In laushi ake nema akwai ɗanyar gwanda, akwai kindirmo. Shi kindirmo ma in aka sa masa gishiri aka kwaɓa kaza da shi ta kwana a firij, yana ba da gashi mai kyau, irin yadda mutanen Indiya ke yi wa kajin da suke gasawa a tanderu. Lemun tsami dai kada a bar nama ya kwana a cikinsa, yana sa bayan naman ya yi fari ya dagargaje.

Sai wata magana da na san tana zuciyar wasu tun da na ambaci ƙarin nauyi. Eh, kazar da aka jiƙa tana ƙara nauyi, kuma mai sayar da ɗanya a kan kilo zai iya ganin kamar ya samu hanya. Wannan algus ne, ruwa ka sayar a kuɗin nama. Kuma asiri ba ya daɗewa, domin uwargida za ta kai gida ta sa gishirinta da maginta kamar kullum, miya ta ɓaci, ta kuma san daga inda matsalar ta fito. In za ka sayar da jiƙaƙƙiya ɗanya, ka auna ta kafin ta shiga ruwa, ka sayar a kan wannan nauyin, ka gaya wa mai saye cewa an riga an sa mata gishiri, ta gashi ce. Akwai masu neman irinta ma musamman, ma'aikatan da ba su da lokaci, su dai su dawo su jefa a oben. In za a daskarar da ita kuma, kada ta daɗe a firiza kamar wadda ba a taɓa ba, gishiri yana sa kitse saurin sauya wari.

Masu tarwaɗa, ku ma abin ya shafe ku, don ana tsoma kifi a ruwan gishiri kafin a yi bandarsa. Sai dai naman kifi ba shi da kauri kuma yana shan gishiri da sauri, lissafinsa na mintoci ne, kada a ɗauki awoyin kaza a ɗora masa.

Kafin ka gwada a kan odar mutane, ka fara da kaza ɗaya a gida. Raba ta biyu ta tsakiya. Auna kowane ɓari ka rubuta. Jiƙa ɗaya a lita biyu na ruwa da cokali shida na gishiri a shafe na awa 4 a cikin sanyi, ɗayan ka ajiye shi a sanyin haka nan, ka barbaɗa masa gishiri lokacin gashi yadda ka saba. Gasa su a wuta ɗaya, ka sauke su tare, ka sake aunawa. Sannan ka yanka ƙirjin kowanne a faranti daban ka ba mutanen gida ba tare da ka gaya musu wanne ne wanne ba. In sun ce gishiri ya ɗan yi yawa, karo na gaba ka sauko zuwa giram 45 a lita ko ka rage awa ɗaya, ka rubuta abin da ya yi maka daidai a littafin da kake rubuta lissafin abinci.